Mudi da Hasumiyar Dajin Falgore

Mudi mutumin Badafi ne, magini ɗan magini. Da damina ya yi noma, da rani ya kwaɓa ƙasa ya yi wa mutane soro da rumbu. Kafin shekarar 1952 babu wanda ya san shi da yawo. Tudun Wada ma sai lalura ta kai shi.

A wannan shekarar wani mai sayen kuza a Riruwai ya aiko a kira shi ya gina masa zaure. Da ya gama, ya ɗora kayansa a jaki ya kamo hanyar gida. Don ya rage tafiya sai ya yanke ta dajin Falgore, ya kuwa ɓata. Da hantsin kwana na biyu, ƙishirwa ta kusa kayar da shi, ya ɓullo wani fili tsakanin duwatsu, sai ga hasumiya a gabansa.

Ta jar ƙasa ce, ta fi giginya biyu tsawo, yaɓenta sumul kamar jiya aka gama. Babu gari kusa, babu kufai, babu ko ramin da aka haƙi ƙasarta. A gindinta akwai 'yar rijiya cike da ruwa, ya sha ya ba jakinsa. Da ya kara kunne a jikin bango sai ya ji wani gunji can ciki, kamar jama'a na tasbihi a hankali. Bai san lokacin da ya tuɓe takalmansa ba.

Da la'asar ya ci karo da wani tsohon Bafulatani mai kiwo, wanda ya ɗora shi a hanya. Mudi ya ba shi labari. Tsohon ya ce, "Kakanninmu sun ce waliyyai ne suka gina ta. Ni shekara sittin ina kiwo a nan, ban taɓa ganinta ba. Ka gode wa Allah, ka tafi gida."

Ya tafi gida, amma zama ya gagare shi. Yana cikin noma sai ya saki fartanya ya tsaya yana kallon kudu, wajen dajin. In an kawo tuwo, ya ci loma biyu ya koma zane a ƙasa da tsinke. Matarsa Yalwa ta gaji, ta tura shi wurin Malam Ladan, limamin unguwarsu.

Mudi ya durƙusa ya gaishe shi, ya ce, "Allah gafarta malam, abin da na gani gaskiya ne, ko aljanu ne suka yi mini gizo?"

Malam ya ce, "Ruwan da ka sha, ya kashe maka ƙishirwa?"

"Ya kashe."

"To, ka sha ruwa. Sauran Allah ne masani."

Wannan bai ishe shi ba. Abin da ke cin ransa abin magina ne: yaya ƙasa za ta miƙe haka, ba azara ba tokari, damina ta yi ta dukanta ba ta zube ba? Ana gama girbi ya kama jakinsa ya koma daji. Ya yi wata guda yana bin duwatsu ɗaya bayan ɗaya, bai ga komai ba. Rani ya sake zagayowa ya sake komawa. Mutane suka fara kiransa Mudi Hasumiya, masu son gini suka koma wurin wasu.

A 1955 ya ce tunda ta ƙi ganuwa, bari ya gina irinta a bayan gidansa. Ta kai tsawon mutum huɗu. Marka ta sauka, ginin ya kife a kan turken maƙwabcinsa Ubale, ya danne awaki biyu. Dagaci ya hana shi sakewa. Yalwa ta ce, "Maigida, ka ba ni kunya a gari." Ya ce, "Ƙasar ce ba iri ɗaya ba." Kashegari ya koma daji.

Yawon bai tashi a banza ba. Ya san dajin nan fiye da maharba. A 1957 wasu fatake biyar 'yan Bebeji suka ɓace a ciki, shi aka kira, cikin kwana uku ya fito da su da ransu. Suna gode masa, shi kuwa tambayarsu yake ko sun hango wani dogon gini.

A ƙarshen daminar 1959 kurkunu ta kama shi a ƙafar dama. Ya yi wata huɗu a kwance, da ya tashi gwiwar ta sandare. Ya gwada tafiya sau ɗaya, bai wuce Kiru ba aka dawo da shi a kan jakin. Daga nan ya koma ginin rumbu, daga zaune yana nuna wa masu ɗora tubali. Rumbunansa sirara ne dogaye, sai da tsani ake ɗiban hatsi, mata suna ta ƙorafi.

Kullum da yamma Yalwa takan shimfiɗa masa tabarma a bakin hanya. Duk matafiyin da ya fito daga wajen Doguwa, yankin da dajin yake, sai ya tsayar da shi, ya ba shi ruwa, ya tambaye shi ta ina ya biyo.