Ranar da na miƙe wa Malam ƙarafansa

Ko gobe aka ce in faɗi abin da ya fi tsaya mini a rai tun da nake ƙira a Rano, wannan zan faɗa, don ba zan taɓa manta shi ba.

Bayan yaƙin basasa da ƴan shekaru wani maƙwabcina da muke kira Malam ya dawo daga Zariya, inda ya yi karatun zane. Mu da muka tsaya a aji huɗu mun zaci hotunan mutane zai riƙa yi. Ina! Fenti yake watsa wa ƙyalle, ja nan, baƙi can, sannan ya ja baya yana gyaɗa kai. Ya kuma tara tsofaffin garemani da kacar keke, ya haɗa wani abu a tsakar gidansa da ya fi ni tsawo. Liman ya zo ya zagaya shi sau biyu, ya ce tunda bai yi kama da komai mai rai ba, shi ba shi da magana.

Wata rana Malam ya ba ni makullin gidansa, zai je Kano ya taho da baƙin da za su ɗauki abin zuwa baje koli a Legas. Na shiga ba wa awakinsa ruwa, na tsaya na dubi aikin. Ƙarafa duk a karkace, tsatsa ta cinye su. Na ce a raina, mutumin nan yana maƙwabtaka da maƙeri guda amma zai ji kunya a gaban baƙi? Kwana biyu na yi ina miƙewa, ina kankarewa, na bi da man gyaɗa har yana ƙyalli.

Da suka iso na tsaya a gefe ina jiran godiya. Malam ya dubi abin, ya nemi turmi ya zauna.

"Maƙeri, damina biyu na bar shi a ruwa don tsatsar nan."

Na ce ai da ya faɗa mini, da na ba shi tawa kyauta, bayan maƙera cike take. Baƙin suka sha fura, suka koma da motarsu babu kaya.

Mako guda bai amsa sallamata da kyau ba. Sai ga shi da safe ya ce in ɗauko guduma. Sati uku muka yi, yana nunawa ina lanƙwasawa. "Ƙara kaɗan. A'a, ka wuce." Wallahi a nan na gane karkata ƙarfe da gangan ya fi miƙe shi wuya. Tsatsa kuwa babu gudumar da ke kawo ta, sai da muka sake jiran damina biyu kafin abin ya ga Legas.

Har yau ban san me abin yake nufi ba, kuma Malam ya rasu ban tambaye shi ba. Amma tun daga lokacin, ko hular mutum na gani a karkace, sai na tambaya ko haka ya sa ta.