Kabewar Gwaggo

Jiya na ga kabewa jibge a kasuwar Makarfi, sai marigayiya Gwaggo, yayar mahaifina, ta faɗo mini a rai. Na tsaya kamar mai mafarki, ina jin ƙamshin man kaɗanyar hannunta.

Lokacin matata tana da cikin fari. Ina zaune da abokai a ƙofar gida ta wuce tana jan ƙafa, na ce, “Ku ba ta hanya, ta haɗiye kabewa!” Aka kwashe da dariya. Ta shige gida idonta cike da ƙwalla.

Gwaggo ba ta yi faɗa ba. Ƙatuwar kabewa ta ɗauko, ta ɗaure mini a ciki da tsohon zaninta.

“Ɗana, je ka rijiya ka ɗebo mana ruwa.”

Kafin guga na uku bayana ya ƙage. Tana inuwar darbejiya tana tsinke zogale, ta ce a hankali, “Taka ko motsi ba ta yi. Tata kuwa shuri take, kuma ranta ne a kai.”

Ban ƙara ba har yau.

Allah Ya sauke miki kowane nauyi, Gwaggo, Ya sanyaya makwancinki.