Muryar Baba Hattara

A cibiyar binciken ruwa da ƙasa, Baba Hattara ake ce masa, kuma shi ya jawo wa kansa sunan. Ko kwata masu bincike za su tsallaka, sai ka ji ya ce, "Hattara!" Da dako ya fara yana saurayi, yana bin bayan masu ilimi da kwalabe da igiyar awo, har ya zama shi ke jan gaba duk inda aka shiga daji. Kafin mota ta tashi da safe yakan tsaya a bakin sito, hannu a ƙugu, ya zayyana musu abin da ke jiransu: maciji a ƙarƙashin dutse, gaɓa mai zubewa, tsohuwar rijiya da ciyawa ta rufe. Murya kuwa, Allah ya ba shi. In ya daka tsawa, mai gadin ƙofa ma sai ya miƙe. Bai tara dukiya ba, bai hau kujera ba. Abin taƙamarsa a duniya ɗaya ne: in ya ce a tsaya, ana tsayawa.

Shi da bakinsa ya roƙar wa ƙanensa aiki a wurin. Auta, wanda ya goya a bayansa, ya share wa majina. Ana nan sai cibiya ta tura Auta kwas, ya dawo da riga mai ƙyalli, da usur a wuya, wai shi ne jami'in kiyaye haɗari. Auta fa! Mutumin da har ya tara gemu, in ya ga kunama sai ya ƙwala wa Yaya kira.

Daga nan bayanin safe ya koma hannun Auta. Ba ya ihu, ba ya ja da tsawo, amma sai ka ga manyan masu bincike suna gyaɗa kai kamar ƙadangaru. Baba yana can baya yana goge kwalaben da aka riga aka wanke.

"Malam, ko kishin ƙanenka kake yi ne?" in ji matarsa wata rana.

"Ni? Kishin me? Usur?"

"To me ya sa tun da aka ba shi rigar nan abinci ke dawo mini a kwano?"

Ya ja tsaki ya fita. Amma kishi yake yi, kishi mai cin rai, irin wanda ke hana mutum amsa gaisuwa da fuska a sake. Abin da ya fi ƙona shi, Auta bai rage masa ladabi ko kaɗan ba. Da ma ya yi masa ɗagawa, da ya samu abin faɗa.

Auta ya zo da wata ƙa'ida don aikin kwari, inda waya ba ta kamawa, lanƙwasa kuma ke ɓoye mutum daga ɗan'uwansa. A jeru a layi, kowa yana hango na gaba da shi. In gargaɗi ya taso, ka ɗaga hannu alamar ka ji, ka miƙa wa na gaba nan take, kalma da kalma. Ba tambaya, ba tsayawa duba sama. Baba aka sa a tsakiya saboda muryarsa. Wato aikinsa yanzu shi ne maimaita maganar Auta.

Ranar da abin ya faru, suna cikin wani busasshen rafi mai zurfin gaɓa. Auta yana kan tudu yana lura da duwatsun da rafin ya gangaro daga cikinsu. Baba yana ƙasa yana ɗura yashi a buhu. Bayan lanƙwasa kuma akwai Dakta, wata mai bincike da ta daɗe tana aiki da shi, ita da mutanenta da akwatin samfurin da suka yi damina guda suna tarawa. Auta ba ya hango su, muryarsa ma ba ta kai musu.

Sai usur ya tsaga iska.

"Ambaliya! Ku hau gaɓa!"

Baba ya ɗaga hannu. Sannan ya dubi sama: wasai, ko ɗigon gajimare babu. Yashin da ke ƙarƙashin ƙafarsa a bushe ƙayau. Shi, da ya san rafuka tun Auta na tsotsar yatsa, shi ne zai tsaya yana ihu da bakin yaro? Ya sunkuya ya kama bakin buhu. "Bari in ɗaure wannan tukuna," ya ce a ransa. Ya ɗaure, ya sake kwancewa, wai bai ɗauru da kyau ba.

Usur ya sake tashi, ba ƙaƙƙautawa. A lokacin ne wata iska mai sanyi da warin laka ta daki ƙeyarsa, ya ji ƙasa na gurnani.

Ihun da ya yi a ranar, bai taɓa yin irinsa ba. Dakta da mutanenta suka yi gaɓa a guje, suna kama saiwoyi suna zamewa. Ruwan ya zo ja wur, da itace da duwatsu, ya sami Dakta har gwiwa kafin a fizgo ta. Akwatin ya tafi, suna kallo.

A gindin mota kowa na sa wa Baba albarka.

"Baba, ba don muryarka ba, da yau wani labarin ake yi," in ji Dakta, jini na zuba daga tafin hannunta. "Akwati ba komai ba ne. Allah ya saka maka."

Yabon da ya daɗe yana ƙishirwarsa ke nan, ga shi ya zo, ya kasa haɗiye shi. Auta kuwa yana ta naɗe hannun Dakta da bandeji.

Washegari Auta ya iske Baba a sito kafin kowa ya zo. Ya gaishe shi kamar kullum, ya tambayi mutanen gida. Sannan ya rage murya.

"Yaya, na gan ka jiya. Ka ɗaga hannu, sannan ka sunkuya."

Baba ya buɗe baki, Auta ya girgiza kai, idonsa ya yi ja.

"Ban gaya wa kowa ba, ba kuma zan gaya ba. Amma daga yau kai ne a ƙarshen layi."

"A ƙarshe? To wa zan miƙa wa?"

"Ba kowa, Yaya. Ji kawai za ka yi, ka fito."

Da aka karanta sabon jeri a bakin mota, Dakta ta yi murmushi ta ce Auta ya kyauta da ya rage wa yayansa wahala, ai shekaru sun ja. Ta juyo ta ce, "Ko ba haka ba, Baba?"

"Haka ne," in ji Baba Hattara, a hankali har sai da ta matso ta ce ya maimaita.