Tsohuwar da Ke Ƙasan Benenmu

Makon jiya ina sauri in kama jirgin ƙasa a Birmingham, sai na ji wani yana taɓa fiyanon nan da aka ajiye a tsakiyar tasha domin duk mai sha'awa. Bai iya ba. Layi ɗaya yake ta maimaitawa, ya kai wani wuri ya kakare, ya koma farko. Na tsaya har jirgina ya tafi ya bar ni, domin cikin irin wannan maimaicin na yi wayo, a wani gida mai jan bulo a Manchester.

Shekarata takwas lokacin da Baba ya samu gurbin karatun digiri na uku, ya kwaso mu daga Kano, ni da Umma. Muka kama flat a saman wani gida, ba nisa da Oxford Road. Baba kan tafi uni da duhun safiya, ya dawo bayan magariba. Ni ba na gane Turancin 'yan ajinmu, su ma ba su damu su gane nawa ba. Umma kuwa, wadda ta taso a gidan yawa, sai ta koma zaman taga tana kallon ruwan sama.

Mai gidan wata tsohuwa ce da ke zaune a ƙasanmu, gajeriya, gashinta fari fat, kullum da fensir a bayan kunne. Bayahudiya ce. Baba ya gaya mana haka tun ranar farko, ya ce mu gaishe ta da ladabi, kada mu dame ta. Ta daɗe tana koyar da kiɗa a makarantar 'yan mata kafin ta yi ritaya, amma abin da ke ranta shi ne ƙirƙirar kiɗa, ta rubuta shi a takarda mai layi biyar-biyar. Kowace safiya sautin fiyanonta yana ratso katakon da muke takawa. Sai ta yi ta nanata wuri ɗaya, ta yi shiru, ta goge, ta sake. Ranar Asabar kaɗai ba a jin ta. Da yammacin Juma'a, in na leƙa, nakan ga kyandir biyu a kan teburinta, da burodi mai kitso, da kujera ɗaya tak.

A matakalar bene ta tsince ni, inda nakan zauna bayan makaranta ina saurarenta. Wata rana ta buɗe ƙofa ta ce da ni cikin Turancinta mai nauyi, "Matakala akwai sanyi. Shigo." Tun daga ranar nake kiran ta Malama. Ɗakinta ƙanshin tsohuwar takarda yake yi, da na ɓawon lemo da take shanyawa a kan hita. Ba da yatsu ta fara koya mini ba. Takan danna maɓalli ɗaya, ta ce in rufe ido, in ɗaga hannu in sautin ya mutu gaba ɗaya. Kullum da wuri nake ɗagawa.

"Yana nan," in ji ta. "Ke ce ba ki jira shi ba."

A kan fiyanon akwai hoton wani mutum da matarsa. Da na tambaya, ta ce iyayenta ne. Tana kamar shekaruna suka sa ta a jirgin ƙasa, lokacin da ake farautar Yahudawa a ƙasarsu, suka ce za su biyo ta daga baya. Ba su biyo ta ba. Iyakar abin da ta faɗa ke nan, sai ta ce in gyara zama.

A sanyinmu na biyu Kaka, mahaifiyar Umma, ta rasu a Kano. Kafin waya ta same mu har an kai ta. Umma ta daina magana, ta daina cin abinci. GP, wato likitanmu, ya rubuta mata magani, bai yi komai ba. Wata Lahadi da safe tana wanke-wanke, sai na ji tana rera waƙar niƙan da Kaka kan yi, can ƙasa-ƙasa. Fiyanon ƙasa ya yi tsit. Jim kaɗan sai ga muryar waƙar tana fitowa daga cikinsa, a hankali, kamar mai neman izini. Umma ta tsame hannu daga ruwa, fuskarta a ɗaure.

Malama ta hawo bene, abin da ba ta taɓa yi ba, tana haki, da takarda a hannu. Ni na zama tafinta. Ta ce tana roƙon Umma ta sake rera mata.

"Gaya mata ba waƙar wasa ba ce," in ji Umma. "Ta uwata ce."

Na faɗa mata. Malama ta daɗe tana kallon takardarta, sannan ta ce, "Gaya mata ni ban tuna ko ɗaya cikin waƙoƙin uwata ba. Na nema har na tsufa."

Umma ta goge hannu a zani, ta kamo Malama, ta zaunar da ita, ta dafa mata shayi. Sannan ta rera daga farko har ƙarshe. Daga nan kusan kullum suna tare, ba mai jin harshen wata. Umma na kiran ta Iya. Baba bai so zamana gaban fiyano ba, yakan ce karatu muka zo yi. Amma da ya ga Umma ta koma cin abinci, bai ƙara tankawa ba.

Da Baba ya gama karatu ya samu aiki a Birmingham, muka koma Lozells. Bayan shekara guda sai ga kati daga Malama: za a kaɗa sabon kiɗanta ranar wata Lahadi da la'asar, a wani ɗan zaure kusa da Oxford Road. Baba yana aiki ranar. Umma, wadda ba ta taɓa wuce kasuwa ita kaɗai ba, ta ɗaura mayafi ta kama hannuna muka hau coach, wato babbar bas, zuwa Manchester.

Kujerun zauren yawancinsu babu kowa a kai. Wata budurwa ta zauna gaban fiyano, wani saurayi ya jingina babban goge a ƙirjinsa. A tsakiyar kiɗan sai ga waƙar Kaka ta ɓullo. Umma ta riƙe wuyan hannuna har ya yi zafi. Da aka tashi, Malama ta zo da sandarta ta tambayi yadda Umma ta ji.

"Ce mata ya yi kyau," in ji Umma, "amma wuri ɗaya ta kuskure. Inda murya ke sauka, ai nan mai niƙa take danna dutse, numfashinta ya yanke. Ba a jan sa."

Malama ta zaro fensirinta, ta dafa takarda a bango, ta gyara nan take.

Mun yi mata alkawarin za mu riƙa zuwa. Da farko akwai kati duk shekara, daga baya sakandare ta ɗauke ni, sai uni, sai aure. Su Umma suka koma Kano. Bara aiki ya kai ni Manchester, na bi ta gidan. An yayyanka shi ɗaki-ɗaki ga ɗalibai. Wata maƙwabciya ta ce Malama ta daɗe da rasuwa a gidan kula da tsofaffi, waɗanda suka sayi gidan kuma sun kwashe komai. Takardunta ba wanda ya san inda suka shiga.

Yanzu a Perry Barr nake, nan Birmingham. Shekarata shida a bene ɗaya, ban san fuskar wanda ke ƙasana ba. 'Ya'yana kowa da abin sauraronsa a toshe a kunne, kiɗan wani ba ya isa ga wani. Ba na ganin laifinsu, ni da na bar tsohuwa tana jira alhali tafiyar ba ta kai rabin yini ba.

Ranar da na dawo daga Manchester na kira Umma na gaya mata.

"Wa aka yi wa ta'aziyya?" in ji ta.

Na ce ba ta bar kowa ba.

"To, ni ki yi mini."

Na gyara zama na ce, "Umma, ya haƙuri? Ya ƙarin haƙurinmu na rashin Iya?"

Ta ce, "Haƙuri sai ma'abocinsa. Na gode, 'yar nan."