Jirgin da Bai Ga Yanbu Ba

Shekara goma sha biyu ke nan da aka kai maigidana Baƙi'a, kuma har yau ban huce ba. Ba mutuwarsa ce ta tsaya mini a rai ba. Wannan ta Allah ce, kuma wanda aka binne a Madina ba a yi masa kukan rashin rabo. Abin da ke cina mutane ne suka yi shi da hannuwansu, da rana tsaka, suna salati. An sha ce mini in bar wa Allah. Na bar masa, amma barin abu ga Allah bai hana a faɗi yadda aka yi ba, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Sunansa Isiyaku, ko da yake tsawon zamanmu ban taɓa kama sunan ba, Injiniya nake ce masa kamar kowa. Mutumin Yawuri ne, ɗan Sarkawa, mahaifinsa masassaƙin kwale-kwale ne a bakin kogin Kwara. Ya karanci injin jirgin ruwa, ya yi shekaru yana yawon duniya a manyan jiragen dakon kaya kafin mu yi aure. Daga baya ya sami aiki a nan Madina wajen injinan tura ruwa, ni kuma ina ungozoma a wani asibiti. Muka kama gida a unguwar Jurf mai fili a tsakiya, irin wanda mutanen nan ke ce wa hosh. Mutumin da aka haifa a bakin ruwa sai ga shi tsakanin baƙaƙen duwatsu da dabino. Bai taɓa ƙorafi ba, yakan ce maƙwabtaka da Manzon Allah ta fi kowace teku. Amma na san inda hankalinsa ke tafiya in ya yi shiru.

Yana saurayi jirginsu ya taɓa lalacewa a wani tsibiri a tsakiyar tekun Fasifik, suka daɗe suna jiran kayan gyara. A can wani tsoho ya ɗauke shi a kwale-kwalensa zuwa wani tsibirin da ko alamarsa ba a hangowa. Babu kamfas, babu taswira. Tsohon yakan dubi tsuntsaye da launin gajimare, wani lokaci kuma ya kwanta a cikin jirgin ya rufe ido, yana jin yadda igiyar ruwa ke dukan katakon ta gadon bayansa, sai ya tashi ya juya akala. Injiniya ya ce a wannan tafiyar mahaifinsa kawai yake gani, domin haka shi ma yake karanta Kwara in ta kawo ruwa. Ba su jin harshen juna, amma da suka sauka tsohon ya kama hannunsa ya duba tafin, ya yi dariya, ya gane ɗan ruwa ne.

Injiniya mutum ne mai sanyin hali, abu ɗaya ke sa jijiyar wuyansa ta tashi, shi ne a ce Turawa ne suka gano tsibiran nan. Yakan ce, ta yaya za ka gano gidan da ka tarar da masu shi suna girki? Kakannin mutanen nan sun ratsa tekun da ta fi kowace girma, da matansu da 'ya'yansu da irin shukarsu, tun Bature na tsoron nisa da gaɓa. Da Turawan suka zo, da ɗan gari suka ci gari: 'yan tsibirin suka ɗauka a jiragensu suna nuna musu hanya, sannan suka koma gida suka rubuta sunayensu a kan taswira. Wasunsu har cewa suka yi ai iska ce ta kwaso mutanen ta watsar a tsibiran, ba da saninsu ba. Daga baya a wurare da dama aka hana su doguwar tafiya, manyan jiragen suka ruɓe a bakin gaɓa, 'yan kaɗan aka kai gidajen tarihi. Duk wanda ya zo cin tuwo gidanmu sai ya sha wannan karatu, ko yana so ko ba ya so.

Sai wata rana ya shigo da katako. Ya ce zai yi jirgi irin na tsohon nan, siriri, da gungume ɗaya a gefe wanda sanduna biyu ke riƙe da shi don kada ya kife. Gungumen nan yake kira ɗan rakiya. Ko ƙusa ɗaya bai sa ba, ɗinke katakon ya yi da igiya, ya toshe ramukan da ƙaro. Su can da zaren kwakwa suke yi, shi kuma da zaren dabino ya yi, tunda shi Allah ya hore mana. Abin kama iska kuwa tabarmar kaba ce. Shekaru ya yi yana wannan aiki, kowace Juma'a bayan la'asar. Na yi mita iyakar mita, domin hosh ɗin ya cika har na rasa wurin shanya. Amma in gaskiya za a faɗa, rabin igiyar da ke jikin jirgin nan ni na tuƙa ta a cinyata.

Mutanenmu kuwa suka sami abin yi. Suka sa masa suna Nuhun Jurf. In an haɗu a masallacin Ƙiblatain sai wani ya ce, "Injiniya, yaushe ɗufanar? A ajiye mini wuri." Likitoci ne fa da malaman jami'a, ba jahilai ba. Shi dariya yake yi, ya ce kowa ya raina tsayuwar wata ya hau ya gyara. Ya gama jirgin kafin azumi, ya yanke cewa in aikin Hajji ya wuce, hanya ta yi sauƙi, zai ɗauki mota ya kai shi Yanbu, bakin Bahar Maliya, ya gwada. Ciwo ya kama shi kafin alhazai su fara isowa. A gadon asibiti ya ce mini, "Ko ba ni, a sa shi a ruwa sau ɗaya. Ina so a san ko zai tsaya." Na ce masa za a sa. Wannan ita ce magana ta ƙarshe mai tsawo da muka yi.

Na shiga takaba. Wata dattijuwa mutuniyar Damagaram, Goggo Hansatu, ta tare a gidan don ta zauna da ni, kamar yadda aka saba. Akwai kuma Alhaji Tanko, dattijon da jama'armu ke kai wa kuka. Ba zan ci amanarsa ba, shi ya yi zirga-zirgar takardun jana'iza, shi ya tsaya a kan maganar iƙama, wato takardar zaman ƙasa, ta 'yarmu Rukayya. Wata safiya ya zo da mutane da motar ɗaukar kaya, ya tsaya a bakin ƙofar ɗaki, ni ina ciki.

"Hajiya, Allah ya ƙara haƙuri. Ya'ani, mun yi shawara a kan katakon nan na marigayi. Akwai wata mazra'a, gonar dabino, a Khaibar, dabbobi na wahalar wurin shan ruwa. Za mu kai shi can ya zama sadaka mai gudana. Duk akuyar da ta sha, lada na isa gare shi."

Na ce, "Alhaji, ya bar wasiyya. Yanbu ya ce a kai shi, a sa shi a ruwa."

"Haba Hajiya, wasiyya a kan abin wasa? Wa zai hau, ke? Yanzu lada yake buƙata, ba shaƙatawa ba. Halas, shi ke nan, ki bar wannan a hannun maza."

Na miƙe zan fita, Goggo Hansatu ta damƙe mini hannu. Ta ce, "Ɗiyata, mai takaba ba ta ɗaga murya, ba ta shiga tsakar maza. Kada ki jawo wa mijinki magana yana kabari." Tsohuwa ce, amma riƙonta kamar na maƙeri. Daga nan sai na ji ƙarar zarto. Sandunan ɗan rakiya suke yankewa, domin jirgin bai shiga motar da faɗinsa. Ina jin ɗayansu yana cewa a yi bismilla, ina jin wani yana dariya ƙasa-ƙasa yana cewa jirgin Nuhu ya tashi. Gungumen da tabarmar suka jingine a bango, daga baya wani ya zo ya kwashe don hura wuta.

Na tambayi malamai bayan haka, ba ɗaya ba, ba biyu ba. Babu wanda ya ce addini ya hana mai takaba ta fito tsakar gidanta a lulluɓe ta kare abin da mijinta ya bari. Al'ada ce muka ɗauko tun daga gida, muka tsallako da ita teku, muka sa mata rawani. Kuma ba a rasa sanin lokacin da za a zo ba. An san ba zan iya fita ba, an san ba zan iya ihu ba, an san in na yi magana za a ce zafin mutuwa ne. Da an jira na fita takaba, da ni da kaina zan nemi mota.

Na daɗe ina juya wannan abu. Injiniya ya ƙare rayuwarsa yana jin haushin baƙin da suka zo suka tarar da ilmi a hannun mutane, suka ce ba ilmi ba ne. Bai san irin wannan raini na zaune a sahu ɗaya da shi ba. Bature ko ba komai baƙo ne, kuma jirgin da ya kai gidan tarihi ya kai shi da ɗan rakiyarsa. Namu kuwa sun ci tuwon gidan, sun ga mutumin yana aikin shekara da shekaru, amma ko sau ɗaya ba wanda ya durƙusa ya dubi ɗinkin ya tambayi yadda aka yi shi. A wurinsu duk abin da ba ya kai mutum ga albashi ko ga lada kai tsaye wauta ce. Rashin sani ya fi dare duhu, amma wanda ya ƙi sani da gangan ban san abin da za a kwatanta shi da shi ba.

Kwanan baya Rukayya, wadda yanzu ta yi aure tana jin Hausa tana mayar da Larabci, ta ƙwala mini kira daga falo, "Ummi, ta'ali, zo ki gani!" A talabijin ake nuna jikokin mutanen tsibiran nan sun sake sassaƙa manyan jiragensu, suna ratsa teku ba kamfas, yara na koyon sunayen taurari a bakin tsofaffi. Na tsaya ina kallo ina tunanin abin da zai ce. Na san da sai ya kira duk wanda ya taɓa ce masa Nuhu ya zaunar da shi gaban akwatin. Da kuma zai ga samarinmu na yanzu, waɗanda har na'ura suke sa wa a mota ta riƙa gaya musu inda za su karya kwana a garin da aka haife su, da ya yi dariya har da hawaye. Na kuma san da tuni ya yafe wa Alhaji Tanko, domin haka halinsa yake. Ni ba shi ba ce. Alhajin yana nan da ransa, kuma har yau a taron suna ko ɗaurin aure yakan ba da labarin alherin da ya yi wa marigayi.

Sau ɗaya na je Khaibar, bayan na fita takaba. Na sami gonar, na sami jirgin a gindin dabino, an tokare shi da duwatsu, cike da ruwa, awaki sun jeru suna sha. Mai kula da su wani yaro ne ɗan Nijar, bai san ko ni wace ce ba. Da ya ga na tsaya ina kallo sai ya ce, "Hajiya, kin ga aiki ko? Na siminti ma tsagewa suke yi, amma wannan tun da anka kawo shi ko ɗigo bai zubda ba. Wanda ya yi shi ya san hannunshi." Na durƙusa na shafa ƙarƙashin katakon, tun daga goshi har gindi, na bi ɗinkin da yatsa. A bushe yake ƙarau. Nan ne na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza, yaron ya ruɗe yana ta ba ni haƙuri bai san a kan me ba.

To, me ya rage na Injiniya? Kabarinsa ba shi da alama, haka Baƙi'a take, kuma na yarda da hakan. Hoton jirgin ko ɗaya ba mu ɗauka ba, muna jiran ranar Yanbu. Abin da ya rage shi ne amsar da ya nema a gadon asibiti, kuma na same ta a tafin hannuna: jirgin da ruwa bai iya fita daga cikinsa ba, ruwa ba zai shige shi ba. Da ya tsaya. Ladan awaki kuwa Allah ya kai masa, ba na jayayya da rahama. Amma ba shi ya roƙa ba. Ya roƙi a sa jirginsa a ruwa, su kuma suka zuba ruwa a jirginsa, kuma har yau suna jiran in gode musu.