Wanda Ya Goge Tsagar Mama

Ni na koya masa riƙe fensir a firamare, don haka ina da nawa kason na laifi. Tun a lokacin ba ya iya barin harafi ya tsaya da ƙafarsa, sai ya yi masa jela. Da ya girma ya samu kwamfuta, ya buɗe shago a Kafanchan, ya rubuta a ƙofa wai shi mai tsara tambari ne. Cikin 'yan shekaru garin duka ya koma rubutun mutum ɗaya: haruffa masu ruwan zinariya, a lanƙwashe kamar taliyar da ta zarce dahuwa, da kurciya biyu a sama. Ledar burodi, allon mai aski, buhun citta, sanarwar taron coci, ko'ina kurciyoyin nan ne. Matattu ma bai ƙyale su ba. Kuma a ƙa'idarsa, fuska ba ta fita daga shagonsa yadda Allah ya yi ta.

Da Mama ta rasu, ƙannena suka kai masa hotonta ya buga babban ƙyallen da ake ratayawa a ƙofar coci ranar jana'iza. Mama tana da tsaga uku a kowane kunci, tun tana jaririya aka yi mata a ƙauyensu kusa da Kagoma.

Da safe muka iso da akwatin gawa, sai ga wata farar mata a kan ƙyallen, ba ta wuce arba'in ba, kumatu sumul, tana mana murmushi daga cikin gajimare.

Ƙanwar Mama, wadda muke kira Inna, ta daɗe tana kallo. Sannan ta zauna a kan matakalar coci, daidai bakin ƙofa.

"Wannan ba 'yar'uwana ba ne," in ji ta da Hausarta ta ƙauye. "Ba za ku shiga da ita a ƙarƙashin baƙuwa ba. Ku je ku binne mai hoton."

Matan zumuntar coci suka tsai da waƙa. Fasto ya duba agogo. Masu ɗauke da akwati suka fara sauya kafaɗa. Shi kuwa gwanin yana gefe da waya a hannu, yana ɗaukar hoton aikinsa.

"Baba Ticha, ai gyara na yi mata," ya ce mini. "Waɗancan tabon suna ɓata aiki. Yanzu duniya ta waye."

"Ɗana, shekara tamanin tana ɗauke da su, ba su taɓa ɓata mata aikin gona ba."

"Amma kowa haka yake so!"

Inna ba ta ko dube shi ba. Ta zaga bayan coci inda ake dafa abincin baƙi, ta dawo da gawayi, ta sa aka riƙe mata benci ta hau. Ta zana wa fuskar ƙyallen tsaga, uku a dama, uku a hagu. Ta sauko, ta ja baya kaɗan, ta kira Mama da sunan yarinta, sai a nan ta fashe da kuka. Aka shiga da akwati.

Na zaci kunya za ta koya masa abin da ni na kasa. Ina! Bayan wata biyu na je jana'izar wani tsohon akawu, haifaffen cikin gari, wanda aska ba ta taɓa kusantar kuncinsa ba. Ga shi a ƙofar coci da tsaga shida, a lanƙwashe, kowace da jelarta.