Malama Kar-a-goge

Kafin mai shara ya gama da baranda ta riga ta iso. Takan buɗe ɗakin kwamfuta na cibiyar makafi, ta ɗaga labule duk da ba mai amfana da hasken sai ita, ta bi injinan tana kunnawa. Ba ta zama sai ta ji kowanne ya yi magana. Murya ce ta namiji, mai ɗan kauri, ba ta gaggawa: "Barka da zuwa. Ina saurare." Sai ta ce, "Yauwa," ta ajiye jaka. Haka take yi tun ɗaliban farko suna samari, ga shi yanzu wasunsu sun aurar da 'ya'ya.

Sunanta na gaskiya ya daɗe da ɓacewa a cibiyar. Kowa Kar-a-goge yake ce mata, domin ko tari ka yi kusa da kwamfuta sai ka ji ta daga bayanka: "Kar a goge komai sai an tambaye ni!" Har mai gadi, wanda bai taɓa riƙe linzamin kwamfuta ba, ya sha wannan gargaɗi.

Abin da take tsaro ba abin kallo ba ne. A cikin kwamfuta akwai wasu ƙananan fayiloli da ba mai buɗe su, masu sana'ar na ce musu DLL. Manhaja ba ta yawo da duk kayan aikinta. In za ta fitar da sauti ko ta zana harafi, sai ta ara daga fayil ɗin da suke tarayya a kai ita da wasu. Manhajar rubutu na ɗiba a nan, burauzar shiga intanet ma na ɗiba. Malama takan ce famfo ɗaya ne a gidan haya: wanda ya canza masa baki don bokitinsa bai san tulun wa zai daina shiga ba.

Muryar nan kuwa ta mijinta ce, Allah ya jiƙansa. Malamin karatu ne a cibiyar. Shi ya zauna wata da watanni yana furta sautuka ana naɗa, wasu 'yan sa-kai suka haɗa su cikin manhajar da ke karanta wa makaho abin da ke kan allo da harshensa. Ya rasu, 'yan sa-kan suka watse, manhajar ta zama marainiya. Tsohon fayil ɗin sauti kaɗai ta sani. Duk ranar da aka sabunta burauza ta sauke sabo a wurin tarayya, sai muryar ta ɗauke. Dabarar Malama ita ce ta ajiye tsohon a jakar manhajar muryar, domin can manhajar take fara dubawa, ta bar wa burauza sabonta. Faɗa da baki sauƙi gare shi, amma kowace sabuntawa da kalar rigimarta, kuma ita kaɗai ke sasanta su.

Wata tsohuwar ɗaliba, wadda yanzu ke amsa waya a wani ofis, ba ta manta safiyar jarrabawarsu ba. Sun sa abin kunne, shiru. Ta ce: "Sai na ji Malama ta ce, 'Ku zauna, 'ya'yana. Malam bai tafi ba, hanya ce ta ɓace masa.' Ina jin takunta daga inji zuwa inji. Kafin a raba tambayoyi ya dawo."

Malama, ke ce wadda ta binne miji, ta dawo aiki ta tarar da muryarsa a kowane kunne, ba ki gudu ba. Ke ce mai aikin da in ya yi kyau ba wanda ya san an yi shi. An yi ta raba lambobin yabo a cibiyar nan, har mai kawo kujerun taro ya samu, ke kuwa sai ranar da abu ya lalace ake tuna akwai ki. Wannan ya daɗe yana ci min rai.

Sai idonta ya fara dushewa. Ta ƙara girman rubutu, ta sake ƙarawa, har hancinta na neman taɓa allo. Likita ya ce hawan jinin ido ne, kuma abin da ya tafi ba ya dawowa. Ta ajiye aiki.

Wanda ya gaje ta magidanci ne mai tsafta da son aiki, ba ya ƙaunar tarkace. Yana share injinan ya ga fayil biyu masu suna ɗaya, ɗaya sabo, ɗaya ya tsufa. Ya yi abin da kowane mai tsafta zai yi, ya goge tsohon a duk injinan har da kwandon shara. Washegari ɗakin ya yi tsit.

Da kansa ya je gidanta, ya durƙusa. "Malama, na yi ɓarna. Na kashe muryar."

"Tashi, ƙanena. An sayar da tsohon injin nan na ƙarƙashin bene?"

"Wanda kika hana a taɓa? Yana nan."

"To ɗauko min mayafina."

'Yarta ce ta riƙo hannunta har cikin ɗakin da ta fi kowa sani. Aka kakkaɓe injin, ya tashi da ƙyar yana gurnani. Malama tana faɗa, magajin nata yana dubawa: shiga nan, sauka ƙasa, karanta min lambar da ke jikinsa. Aka kwafo fayil ɗin, aka mayar da shi gefen manhajarsa. Sai ga shi: "Barka da zuwa. Ina saurare." Ɗalibai suka ɗau tafi. Ita ba ta ce yauwa ba. Ta lalubi kujerar ɗalibi ta zauna, ta ce da yarinyar da ke gefenta, "'Yata, koya min maɓallan yadda kuke yi. Ni da ido na saba."

Ba wanda bai share hawaye ba a ɗakin nan.

Abin da ya rage ba mai daɗi ba ne. Injinan sun tsufa, sababbin da ake kawowa kuma ba sa karɓar tsohon fayil ɗin ko an roƙe su. Ranar da na ƙarshe ya mutu, ɗalibai za su rasa mai karanta musu da harshensu, ita kuma za ta rasa miji karo na biyu, a daidai lokacin da shi ne idonta. Ta san haka sarai, ita ta fara faɗa.

Mun gode, Malama, Allah ya saka miki da alheri. Ku kuma masu ilimin haɗa manhaja, ga aiki yana jiranku: sautukan suna nan, sabon gida kawai suke nema, kuma lokaci ya ƙure. Sauranmu mu ɗauki ko da ɗabi'arta ɗaya, kafin mu kawar da tsohon abu mu tambayi wa ke jingine da shi.

Har yanzu takan riga mai shara isowa, sai dai ba ta ɗaga labule. Takan zauna a layin ɗalibai, ta sa abin kunne, ta jira. In ya ce yana saurare, sai ta amsa a hankali: "Na zo, Malam. Karanta min."